Ƙasar Da Ake Kira Zamanin Da

Wata rana da hantsi aiki ya kai ni wata makarantar firamare a kudancin kogin Kaduna, ba nisa da Kakuri. Na shiga aji shida, na tarar malaminsu yana koya musu labarin ƙasa. Da muka gaisa sai ya miƙo mini alli, ya koma gefe ya zauna. Ta taga kuwa ana hangen dogon ginin wata tsohuwar masaƙa, kwanon rufinta ya yi tsatsa, ciyawa ta rufe bakin ƙofa. Sai na nuna ta, na ce, "Wa zai gaya mini yaushe aka gina wancan gida?"

Wani yaro ya miƙe tsaye, ya ce, "Tun zamanin da, Malam."

Na ce, "Madalla. Zamanin da na su wa?"

Ya yi shiru yana sosa ƙeya, can ya ce, "Zamanin su Sarauniya Amina."

Aji ya fashe da dariya. Amma da na juya kan masu dariyar, sai wani daga cikinsu ya ce ai Gwamna Lugga ne ya gina ta, sa'ad da ya zo ya tarar da Bayajida a Daura. Ni ban yi dariya ba, ban kuwa yi faɗa ba, gama na san ƙasar da yaran nan suke nufi. Ni ma na zauna cikinta ina yaro, ku ma na tabbata kun sha shigarta.

Sunan ƙasar nan Zamanin Da. Ba ta cikin taswira, ba ta da iyaka da kowace ƙasa, ba a auna hanyoyinta da mil. Babu agogo cikinta, babu kalanda. A can ne dabbobi suke magana, Gizo ya yi wa zaki wayo, Ƙoƙi tana gida tana jiransa da tukunya bisa murhu. A can ne duwatsu suke ɗanye, har ƙato ya taka fa ya bar sawunsa, shi ya sa a garuruwa da yawa za a nuna maka wani rami bisa dutse a ce maka kofaton dokin wane ne. A can mutum yakan yi sallar asuba a wani gari, ya yi azahar a bangon duniya. Yaro yakan girma cikin dare ɗaya, tsoho kuwa ya shekara ɗari uku bai yi furfura ba. Duk wanda ya shahara, ko yaushe ya rayu, can ake kai shi a ba shi masauki, ya zama maƙwabcin waɗanda suka riga shi da shekara dubu. Don haka yaran nan ba su ga wani abin mamaki ba in Lugga ya gaisa da Bayajida. A wurinsu unguwarsu ɗaya.

To, bari mu leƙa ƙasar nan da idon basira, mu ga yadda lokaci da wuri suke narkewa cikinta kamar man shanu a rana.

Kun san labarin Bayajida. An ce ɗan Sarkin Bagadaza ne, ya ɓata da mutanen garinsu, ya fito da rundunarsa ya nufo yamma har Barno. Mai na Barno ya ba shi 'yarsa aure, amma ya yi ta janye masa mayaƙa da dabara, har ya ga in ya zauna zai hallaka. Sai ya gudu da matarsa, ya bar ta a Garun Gabas, kusa da Haɗeja, inda ta haifi Biram. Ya biya ta Gaya, maƙera suka ƙera masa wuƙa. Ya isa Daura da dare, ya sauka gidan wata tsohuwa mai suna Ayana, ya roƙi ruwa, ta ce babu, domin macijin da ke cikin rijiyar Kusugu ba ya barin a ɗebi ruwa sai ran Juma'a. Ya karɓi guga ya tafi, ya kashe macijin, ya auri Sarauniya Daurama. Ɗansu Bawo ya haifi 'ya'ya shida, su ne da Biram suka zama Hausa Bakwai: Daura da Kano da Katsina da Zazzau da Gobir da Rano da Biram.

Labari ne mai daɗi, ba na gajiya da jinsa. Amma ku lura da abin da ya yi da hanya. Tsakanin Bagadaza da Daura ya fi mil 2,500, ko da tsuntsu ne ya tashi a miƙe, ga hamada, ga teku ko babban kewaye. Alhazanmu na da, masu tafiya Makka a ƙasa, sukan yi shekaru kafin su je su komo, waɗansu ma sai a Sudan suke ƙare kwanansu. Labari kuwa ya haɗiye wannan nisa duka cikin numfashi ɗaya. Sa'an nan ku lura da abin da ya yi da lokaci. Birnin Bagadaza, Halifa Mansur ne ya kafa shi a shekarar 762 ta Miladiyya. Masu binciken kayan tarihi kuwa sun sami alamun narkar da tama a dutsen Dala na Kano, suka auna gawayin wurin, suka ga tun wajen ƙarni na 7 ake wannan sana'a a can. Watau akwai mutane zaune a gindin Dala suna hura zugazugi tun ba a aza tubalin Bagadaza ba. Labarin da kansa ma bai ɓoye wannan ba, ga wanda ya saurara da kyau. Ai Bayajida ya tarar da maƙera a Gaya, ya tarar da gari a Daura, da rijiya, da sarauniya bisa gadonta.

Labarin Sarauniya Amina ya fi kusa da mu, tun da Turunku, inda aka ce iyayenta suka zauna, tana nan arewa da Kaduna, kufan ganuwarta bai ɓace ba. Duk da haka masana ba su daidaita a kan zamaninta ba. Akwai wani tsohon littafi na tarihin sarakunan Kano, wanda aka rubuta da Larabci, wani Bature mai suna Palmer ya juya shi da Ingilishi a 1908. Littafin ya sa Amina a zamanin Sarkin Kano Dauda, wanda bisa lissafin Palmer ya yi sarauta daga 1421 zuwa 1438, ya kuma ce ta shekara 34 tana yaƙi, har Nufe da Kwararrafa suka bi ta. Mutanen Zazzau kuwa suna cewa 'yar Bakwa Turunku ce, wanda ake sa sarautarsa a wajen 1536. Kun ga tsakanin magana biyun nan akwai shekara ɗari da ɗoriya. Ga shi kuma kusan kowace tsohuwar ganuwa a ƙasar Hausa, in ka tambaya, sai a ce maka ganuwar Amina ce. Da a ce duk ita ta gina su, da ba ta sami ranar hawa doki ba.

Shi littafin nan na Kano, yawan shekarun da kowane sarki ya yi kawai ya faɗa. Palmer ne ya yi ta ƙidaya da baya-baya, sarki bayan sarki, har ya kai Bagauda ya ce 999. In an yi kuskuren shekara biyar nan, goma can, to, lissafi ya goce ke nan. A farkon littafin kuma akwai Barbushe, wanda aka ce yakan kashe giwa da sandarsa ya ɗauko ta a ka. Kun ga ko littafin tarihi ma ƙafarsa ɗaya tana cikin Zamanin Da.

Marubutanmu sun san daɗin ƙasar nan, sun kuma shige ta da gangan. A gasar rubuta littattafan Hausa ta 1933, Malam Bello Kagara ya rubuta Ganɗoki. Ya fara da abin da ya faru da gaske, watau yaƙin da Turawa suka yi da Kwantagora a 1901, sa'an nan ya ɗauki jaruminsa ya kai shi gabas, har ƙasashen aljannu, ya komo da shi ya tarar duniya ta sake. Ba wanda ya ce Malam Bello ya yi ƙarya, domin mai karatu ya san inda ƙasa ta ƙare, inda sama ta soma.

Na taɓa jin waɗansu malamai suna cewa a fid da irin waɗannan labaru daga makaranta, wai suna rikita yara, a bar abin da yake da shekara da shaida kaɗai. Ban yarda da su ba ko kaɗan. Labarin Bayajida buhu ne da kakanninmu suka zuba abin da suke so kada a manta. Ba su da takarda, sai suka ɗinka buhun da zai iya tafiya daga baki zuwa baki. In kun kwance shi za ku ga abin da ke ciki: cewa Bakano da Bakatsine da Bazazzagi da Bagobiri 'yan ɗaki ɗaya ne, cewa akwai tsohuwar dangantaka tsakaninmu da Barno, cewa mata sun taɓa riƙe sarauta a Daura, cewa maƙeri mutum ne mai daraja, kuma baƙo yakan zo da alheri. Waɗannan duka gaskiya ne, ko Bayajida ya taɓa ganin Bagadaza ko bai taɓa ba. Wanda ya yar da buhu don ɗinkinsa ya karkace, da hatsin ya yar. Yaron da ba a yi masa tatsuniya ba kuwa, na lura, ko an ba shi alƙalami ya rubuta labari sai ya yi ta kallon rufin ɗaki.

Amma fa kakanninmu sun yi wa ƙasar nan ƙofa, sun kuma sa mata ƙyaure. In tsohuwa za ta shiga da ku sai ta ce, "Ga ta nan, ga ta nanku." Ku ce, "Ta zo mu ji ta." Ƙofa ta buɗe ke nan. In ta gama sai ta ce, "Ƙurunƙus kan kusu," har ta ƙara da cewa ba don Gizo ba da ta yi ƙarya. Ƙofa ta rufe, kowa ya san an komo duniya, a tashi a kwanta. Sun kuma hana yin tatsuniya da rana, suna cewa wanda ya yi zai ɓata. Muna yara mun ɗauka dabara ce kawai don kada mu ƙi zuwa aike. Sai da na girma na ga maganar ta fi haka zurfi, kuma a nan Kaduna na gani.

Kaduna ba tsohon birni ba ne kamar Kano ko Katsina ko Zariya. Kafin zuwan Turawa, ƙauyukan Gbagyi, waɗanda Hausawa ke kira Gwari, su ne a warwatse a bakin kogin nan, da Fulani masu kiwo, da fatake masu wucewa. Ko sunan garin ma magana biyu ake yi a kansa: waɗansu sun ce jam'in kada ne, saboda yawan kadoji a kogin, waɗansu kuwa sun ce daga wata kalmar Gbagyi ce mai nufin kogi. Hanyar jirgin ƙasa ce ta fara ta da wurin, wadda ta isa Kano a 1911. Gwamna Lugga ya ga wurin yana da ruwa, ga fili, ga jirgi, sai ya zaɓe shi, aka taso da hedkwatar Arewa daga Zungeru, wadda tsofaffi ke kira Dungurum, aka komo da ita nan a 1917. Daga baya hanyar jirgi ta Fatakwal ta biyo ta Kafanchan, ta zo ta haɗu da ta Ikko a nan kudancin kogi, ma'aikatan jirgi daga kowace kusurwa ta Nijeriya suka zo suka kafa gidaje.

Sa'an nan masaƙu suka zo. A 1957 masaƙar Kaduna Textiles ta fara aiki a Kakuri, Gwamnatin Jihar Arewa ta zamanin Sardauna ce ta kafa ta tare da wani kamfanin Ingila, don a riƙa saƙa audugar da manomanmu suke nomawa a nan gida. Waɗansu masaƙu suka biyo baya cikin shekarun 1960. A 1964 aka kafa ma'aikatar ƙera makamai, a 1975 aka fara haɗa motocin Peugeot, a 1980 aka buɗe matatar mai a hanyar Kachiya. Kun ga amsar tambayar da na yi wa yaran nan: gidan da suka kai zamanin Amina, akwai tsofaffi da rai yau waɗanda suka ga ana haƙa harsashinsa.

Ni kaina na ga ƙarshen wannan zamani da idona. Muna yara jiniyar masaƙa ita ce agogonmu. In ta yi kuka sai ka ga hanya ta cika maƙil da kekuna, masu fita aiki da masu shiga, har mai mota ya rasa inda zai bi. A bakin ƙofa ga masu tuwo, ga masu ƙosai da koko, ga masu doya, kowa da harshensa, amma ciniki da Hausa ake yi. A gidan haya guda sai ka sami Bakano da Bajju da Tibi da Igala da Bayarabe, rijiya ɗaya, igiyar shanya ɗaya. Ran Salla a aika wa maƙwabta nama, ran Kirsimeti a aiko da shinkafa. Ba na cewa ba a saɓawa, ai harshe da haƙori ma sukan saɓa. Amma haka aka zauna. Masaƙar Kaduna Textiles ta rufe a 2002, babbar masaƙar United Nigerian Textiles ta tsai da aiki a 2007, dubban magidanta suka rasa abin yi.

A cikin waɗannan shekaru ne kuma babbar masifa ta auka wa garin. A watan Fabrairu na 2000 aka yi mummunan rikici, aka sake yin wani a watan Nuwamba na 2002. An yi hasarar rayuka da dukiya a kowane ɓangare, Allah ya kiyaye mu da sake ganin irinsa. Bayan ƙura ta lafa, tsoro ya sa mutane suka yi ta ƙaura. Musulmi da yawa suka bar kudu suka haye arewacin kogi, Kirista da yawa suka bar arewa suka hayo kudu. Waɗansu sun sayar da gidajensu da araha, waɗansu musanya suka yi. Har yanzu akwai Musulmi a kudu, akwai Kirista a arewa, amma kogin da dā wurin wanka da kamun kifi ne ya zama kamar iyaka a zukatan mutane.

To, ga abin da ya sa na ɗauki alƙalami. Ku da kuke karanta wannan, duk bayan 2002 aka haife ku. Kun buɗe ido kun tarar da gari a rabe, kun tarar da masaƙu a rufe. Abin da yaro ya tarar kuwa, sai ya ɗauka haka Allah ya halicce shi. Na ji yaro da kunnena yana cewa tun fil azal wancan haye nasu ne, wannan haye namu ne. Na ji manya ma, waɗanda ya kamata su fi haka sani, suna cewa, "Ai tun zamanin da mu ne a nan, su baƙi ne." A ɗaya hayen kuma ana faɗin irin wannan magana, ba a sake ko wasali ba. Kun ga an ɗauki abin da ya faru jiya-jiya an jefa shi cikin ƙasar da ba ta da kalanda, inda ba mai iya tambaya yaushe. Ba a ce "Ga ta nan, ga ta nanku" ba, ba a kuwa ce "Ƙurunƙus" ba. Wannan ita ce tatsuniyar rana. Ta Gizo ba ta taɓa ƙona rumfar kowa ba, amma wannan tana iya sa yaro ya ɗauki dutse ya jefi wanda kakarsa ta yi wa wankan jego.

Alhali kuwa sunayen unguwanninmu kaɗai sun isa su ƙaryata ta. Akwai Kakuri Gwari, akwai Kakuri Hausa, kafaɗa da kafaɗa, sunan kowace yana shaidar cewa ɗayar tana nan. Sabon Tasha, ai sunanta ya faɗi cewa akwai tsohuwa kafin ita. Unguwar da ake kira Talbijin ba ta yiwuwa ta sami wannan suna kafin 1962, shekarar da aka fara talbijin a Kaduna. In aka ɗebe Gbagyi, waɗanda kowa ya tarar, galibin mutanen garin nan jirgi ne ya kawo kakanninsu, ko aikin soja, ko aikin gwamnati, ko masaƙa, ko kasuwa. Wanda ya riga wani, da 'yan shekaru ya riga shi.

Akwai wani abu a Kaduna da nakan so yara su je su gani. A lambun Ƙofar Gamji, a bakin kogi ta arewa, akwai wata 'yar gadar ƙarfe ta masu tafiya a ƙasa. A Zungeru aka fara kafa ta a 1904, daga baya aka kwance ta aka kawo ta nan aka sake ɗaurawa. Da a Zamanin Da ne, da sai a ce aljannu ne suka ɗauko ta cikin dare. Amma da yake an rubuta, mun san inda ta fito, mun san hannun mutane ne ya kwance ta.

Wani zai ce, "Malam, kana so yara su riƙa ƙaryata manya ke nan?" A'a, Allah ya sawwaƙe. Yaron da ya ce wa kakansa "ba haka ba ne" ba shi da tarbiyya, ba kuwa zai sake jin kome daga bakin tsohon ba. Abin da nake so ku koya shi ne tambaya cikin ladabi, kuma tambaya biyu ce tak: yaushe, kuma a ina? Tsofaffinmu da yawa ba su riƙe shekara da lamba ba, amma suna da turakun da suke ɗaure lokaci a jikinsu, kamar yadda ake ɗaure akuya. Aikinku shi ne ku san turakun nan. Zuwan Sarauniyar Ingila Kaduna, da babban hawan daba da aka yi mata, 1956 ne. Samun mulkin kai 1960. Rasuwar Sardauna 1966. Yaƙin basasa daga 1967 zuwa 1970. Canjin hannu, sa'ad da motoci suka bar bin hagu suka koma dama, 1972. Canjin kuɗi, daga fam da sule zuwa naira da kwabo, 1973. Rasuwar Janar Murtala 1976. Cire Katsina daga Jihar Kaduna 1987.

Saboda haka in Kaka ta ce, "Da can muna zaune a wuri kaza," sai ku gyara zama ku ce, "Kaka, lokacin an yi canjin kuɗi ko tukuna? Da sule kuke sayen gishiri ko da kwabo? Wa kuke goyo a lokacin?" Za ku ga fuskarta ta washe, gama ba abin da tsoho yake so kamar a tambaye shi. Daga nan sai ku ɗauki fensir ku yi lissafi. In kuwa kuka tambayi wani yaushe, ya ce tun fil azal, kuka tambaye shi a ina, ya ce ko'ina, kuka ce wa ya gani, ya ce kowa ya sani, to, ku gane inda ya kai ku, ku yi masa godiya ku tashi.

Wannan aikin na bar wa 'yan aji shidan nan kafin in fita. Na ce kowa ya je ya tambayi tsohon gidansu yaushe suka zo unguwarsu, daga ina, kuma su wa suka tarar. Bayan mako uku hanya ta sake biyowa da ni, malaminsu ya miƙo mini tarin takardu. Yaron nan mai zamanin Amina ya gano kakansa ya zo daga ƙasar Zazzau ne ana cikin yaƙin basasa, ya shekara talatin yana aiki a gidan da na nuna ta taga. Ya rubuta wannan da manyan baƙaƙe, ya ja layi biyu a ƙarƙashi.

Wata yarinya kuwa ta cika shafi uku. Ta ce an kawo kakarta Kakuri tana amarya shekara biyu bayan canjin kuɗi, ta yi lissafi a gefen takarda ta sami 1975. Ta jera sunayen matan gidan hayar su shida, da garin kowace. Ta ce daren da za a haifi babanta, kakanta yana aikin dare a masaƙa, wata maƙwabciya ce, wadda ba addininsu ɗaya ba, ta karɓi haihuwar, ta yanke cibiya, ta kwana bakwai tana dafa ruwan wanka. Matar ta haye ɗaya gefen kogi a 2002, tun daga ran nan ba su sake sa juna a ido ba, ko da yake an ce tana nan da rai.

Da aka tashi tara yarinyar ta biyo ni har bakin ƙofa, ta durƙusa ta ce, "Malam, Kaka ta ce in tambaye ka, nawa ne kuɗin mota yanzu daga nan zuwa hayin gada?"